Danna maɓallin gwaji kaɗai ya isa a ce an duba ELT?

Almajirin_Hanga: Assalamu alaikum manyana. Wata na bakwai ke nan ina koyon aiki a sashen lantarkin jirage. Jiya aka kawo mana wani ƙaramin jirgi mai inji ɗaya za a yi masa duban shekara. A takardar aiki akwai layin ELT, na'urar nan da ke can wajen wutsiya mai kiran ɗauki idan jirgi ya faɗi. Ogan da nake ƙarƙashinsa ya shiga gaba, ya danna maɓallin gwaji, fitila ta ƙifta, ya sauko ya sa hannu. Ko murfin wutsiya ba mu kwance ba. Da na tambaya sai ya ce ai na'urar zamani ce, ita ke duba kanta. Ban yi musu ba, amma abin ya tsaya mini a rai har na kwana da shi. Don Allah hakan ya wadatar?

Tsohon_Sufana: Wa alaikumus salam. Bai wadatar ba, ɗana. Abin da maɓallin nan ke gaya maka shi ne: a wannan daƙiƙar, jirgi na tsaye lafiya lau a inuwa, na'urar tana da rai. To ai ba don ranar lafiya aka ɗaura ta ba. Ranar da ake buƙatarta jirgi ya daki ƙasa, komai ya watse, babu mai hankalin danna komai. Abin da zai tashe ta a lokacin shi ne makunnin karo da ke cikinta, shi kuwa yatsa ba ya motsa shi daga kujerar matuƙi. Dokar da na fi sani ita ce ta Amurka, sashe na 91.207. Ta ce duk wata 12 a duba abu huɗu: yadda aka ɗaura na'urar, ko batir ya fara zubewa yana cin ƙarfe, ko makunnai da makunnin karo suna aiki, sannan ko sigina isasshe na fita daga eriya. Ka faɗa mini, a cikin huɗun nan nawa mutum zai iya gani bai leƙa wutsiya ba?

Mai_Multimita: Baba, da girmamawa, kada mu yi wa sababbin na'urori ƙaramin hukunci. Gwajin kai na sababbin na'urori masu aika sigina a mitar rediyo ta megahaz 406 ba wasa ba ne. Yana auna ƙarfin da take fitarwa, yana duba batir, wasu har sukan gane idan an cire eriya ko kebul ya yanke, su nuna maka da adadin ƙiftawar fitila. Ba irin na zamaninku ba ne da sai an kasa kunne a rediyo. Ogan yaron nan bai yi daidai ba, na yarda, amma ba a ce bai duba komai ba.

Tsohon_Sufana: Ban ce bai duba komai ba. Na ce ya sa hannu a kan abin da bai gani ba. Fitila za ta gane kebul ya yanke. Za ta gane kan kebul ɗin ya yi sako-sako, yana taɓawa yau, gobe girgiza ta raba shi? Ba za ta gane ba.

Hajiyar_Eriya: Na goyi bayan Baba a nan. Na taɓa buɗe wutsiyar wani jirgi da gwajinsa ke fita tsaf duk wata. Ruwa ya daɗe yana bin gindin eriya yana ɗiga, kan kebul ya yi kore shar da tsatsa. Ina taɓa shi ya rabu a hannuna. Da saukar gaggawa aka yi da shi, na'urar za ta tashi, ta yi ta kururuwa a cikin ƙarfen jirgi, babu mai ji.

Ƙanena Almajiri, ga yadda muke gwada makunnin karo, amma ka fara karanta littafin kamfanin da ya ƙera taku don suna bambanta. Ka cire ta daga mazauninta. Ka ɗaura mata abin shanye sigina a maimakon eriya, ko ka haɗa ta da injin gwaji ta kebul. Ka riƙe ta kibiyar jikinta na kallon gaba, ka wurga hannu da ƙarfi ka tsaya cak, kamar mai jifa da bai saki dutsen ba. Idan ta tashi, maza ka kashe ta. Wasu ba sa tashi sai an sa musu wani ɗan mahaɗi a bakin soket, in ba ka sani ba sai ka yi ta wurgi har kafaɗa ta yi tsami ka ce ta mutu.

Matuƙi_Sabo: Ni dai abin da aka koya mana a makaranta: minti biyar na farkon kowace awa, kada ƙara ta wuce sau uku. In dai an kiyaye wannan ai ko kunna ta gaba ɗaya aka yi babu laifi ko?

Ɗan_Hasumiya: A'a fa, Kyaftin! Nan ne mutane ke haɗa abu biyu. Ƙa'idar minti biyar da ƙara uku ta mitar 121.5 ce, wadda mu ke saurare a hasumiya da kunnenmu. In na ji wiu-wiu-wiu da ƙarfe goma da minti biyu ya ɗauke, na san wani ne ke gwaji a hanga. In na ji da goma da rabi, dole in fara tambaya. Amma 406 ba kunnena take nema ba, tauraron ɗan'adam take yi wa magana, shi kuwa bai san minti biyar ba. Da ka kunna ta a buɗe ta aika saƙo, an ɗauka hatsari ne, ko da ƙarfe nawa ne.

Mai_Multimita: Daidai. Bari in ƙara bayani don Kyaftin ya riƙe. Mai 406 tana harba saƙo mai ƙarfin wat 5, tsawonsa kamar rabin daƙiƙa, duk bayan kimanin daƙiƙa 50. A yanayin gwajin kai ma tana harba saƙo ɗaya, sai dai an juya tsarin 'yan lambobin farkonsa ta yadda tashoshin ƙasa za su gane gwaji ne su ƙyale shi. Shi ya sa maɓallin gwaji halal ne, kunnawa kai tsaye kuwa sai cikin akwatin ƙarfe mai hana sigina fita ko da abin shanyewar da Hajiya ta ambata. Kuma ko gwajin kan, gara ka yi shi a minti biyar ɗin farko, domin da yawa suna sakin ƙarar 121.5 a lokacin.

Ɗan_Hasumiya: Kuma a kira mu a faɗa mana kafin a fara. Kira ɗaya ne, ba ya cin komai.

Mai_Tsaron_Dare: Ni a cibiyar haɗa ayyukan ceto nake, mu ne saƙon ke faɗo wa. Wallahi mafi yawan abin da ke zuwa mana ba hatsari ba ne. Wani ya sauka da ƙarfi bai lura ta tashi ba, wani yana wanke jirgi, wani makaniki ya ce bari in gani ko tana aiki. Akwai daren da muka bi sigina har juji: an canza tsohuwa da sabuwa, aka jefar da tsohuwar da batirinta a ciki, motar shara ta girgiza ta. Don Allah duk wadda za a yar ko za a aika gyara, a cire batir tukuna. Matuƙa kuma kafin ku kashe rediyo bayan sauka, ku murɗa 121.5 ku saurara na daƙiƙa biyu. Idan kuma kuskure ya faru ta tashi, kada a kashe a yi shiru a ce babu wanda ya gani. Mun gani. A kira a ce kuskure ne, mu rufe fayil mu koma kan masu buƙata.

BabanHanan: Allah ya saka muku da alheri, muna ƙaruwa. Na taɓa karanta cewa ɓacewar 'yan majalisar Amurka biyu a Alaska ce ta sa aka wajabta na'urar nan tun farko.

Kyaftin_Mai_Ritaya: Labarin gaskiya ne amma jerin ya ɗan karkace. Hale Boggs da Nick Begich sun ɓace a watan Oktoba na 1972 cikin wani ƙaramin jirgi ƙirar Cessna 310, aka yi kwana 39 ana nema, har yau ba a ga ko ɓallin jirgin ba. Sai dai majalisarsu ta riga ta zartar da dokar tun 1970, lokacin ana cikin wa'adin da aka ba masu jirage su saka. Ɓacewar ta ƙara wa maganar zafi ne. Tsarin taurarin Cospas-Sarsat mai sauraron kiran waɗannan na'urori kuma daga baya ya zo, haɗin gwiwar Amurka da Kanada da Faransa da Tarayyar Sobiyat, ana tsakiyar yaƙin cacar baka. Mutanen farko da ya taimaka aka ceto a Kanada ne, watan Satumba na 1982, kuma tauraron Sobiyat ne ya ji su. Ina son labarin nan ƙwarai.

BabanHanan: Na gode da gyara, ranka ya daɗe.

Shakka_Babu_Laifi: Ni fa ku yi haƙuri, duk wannan wahalar anya na'urar tana da amfani? Ina ta jirgin Malesiya MH370 a 2014? Ina ta Air France 447 a 2009? Manyan jirage, ba a ji ko tari daga ELT ɗinsu ba.

Hajiyar_Eriya: Duka biyun teku ne, ɗan'uwa. Siginar rediyo irin wannan ba ta ratsa ruwa. Da eriya ta nutse magana ta ƙare, kuma ga jinkirin nan na kusan daƙiƙa 50 kafin saƙon farko. Abin da ke kira a ƙarƙashin ruwa wata na'ura ce daban, wadda ke manne da baƙin akwati, tana fitar da sauti a kilohaz 37.5. Da kwana 30 take yi, bayan waɗannan hatsarurruka aka mayar da ita kwana 90. Su ne kuma suka jawo sabon nau'in ELT da ke fara aika wurin da jirgi yake tun yana sama, da zarar ya shiga halin da ba na lafiya ba. Amma mu da ke kan ƙananan jirage masu bin daji da tsauni, tsohon tsarin ne dai gatanmu.

Shakka_Babu_Laifi: To ko a tudun ma ai ana samun wadda ba ta tashi ba.

Tsohon_Sufana: Ana samu, kuma maganarka ta dawo da mu gida. Ka tambayi dalili. Agustan 2010 wani jirgi ƙirar Otter ya faɗi a Alaska ɗauke da tsohon sanata Ted Stevens. Na'urar 406 ce a ciki. Masu bincike suka tarar ta fice daga mazauninta, kebul ɗin eriya ya tsinke, saƙo bai kai sama ba. Me ke riƙe da ita? Ɗamarar Velcro, irin ta takalmin yara. Bayan nan hukumar jiragen Amurka ta daina amincewa da wannan ɗauri a sababbin ƙira. Amma tsofaffin suna nan cike da jirage, ɗamarar ta sha ƙura da mai da zafi ta saki. Maɓallin gwajin Mai_Multimita zai ba ka kore a kan wannan har ranar da za ta yi tsalle.

Mai_Multimita: Baba ya ƙi sakina. Na miƙa wuya a kan ɗauri. Amma ni ma ina da ƙorafi a kan masu yawan taɓawa. Kowane gwajin kai yana cin batir. Na san matuƙin da ke dannawa kafin kowane tashi, wai don hankalinsa ya kwanta. An yi gudun gara an faɗa gidan zago: kafin shekara biyu na'urar ta fara nuna batir ya ƙare wa'adi. Kamfani ya faɗi sau nawa za a gwada, a tsaya a nan.

Almajirin_Hanga: Oga Multimita, wannan wa'adin fa? Na ga kwanan wata a jikin wata a sito, na ɗauka shi ke nan ƙa'idar.

Mai_Multimita: Biyu ne, duk wanda ya riga zuwa. Na farko kwanan watan da ka gani. A dokar da Baba ya kawo, ana canza batir idan rabin rayuwarsa ta amfani ya wuce, kuma wannan ranar ce ake rubutawa a jikin na'urar da cikin littafin gyaran jirgi. Na biyu, idan jimillar lokacin da ta yi a kunne ya haura awa 1. Jimilla fa, ba a zama ɗaya ba. Minti ashirin yau, arba'in da biyar wata uku baya, an wuce. Dalili shi ne ana son ranar tsanani ta iya yin aƙalla awa 24 tana kira a 406, ko da cikin tsananin sanyi ne. Wasu suna da agogo a ciki mai ƙirga musu. Waɗanda ba su da shi kuwa, in ta tashi bisa kuskure ba a san tun yaushe ba, ni canzawa nake yi, ba na caca.

Matuƙi_Sabo: Rabin rayuwa kawai? Ba asara ba ce a yar da batir mai sauran ƙarfi?

Kyaftin_Mai_Ritaya: Ranar da ka kwana a daji da karyayyar ƙafa za ka so sauran rabin.

Hajiyar_Eriya: Tunda an zo kan batir, a kula da yadda ake rufe shi. Ranar 12 ga Yulin 2013 wani Boeing 787 na Habasha yana ajiye a filin jirgin Heathrow na Landan, babu kowa a ciki, wuta ta kama saman bayansa. Binciken Ingila ya gano daga batirin lithiyam na ELT ta tashi: wayoyinsa sun harɗe, murfi ya danne su, suka haɗu. Na'urar ceto ita ta kusa cinye jirgi. Don haka in ka canza batir, ka kwantar da wayoyi yadda zane ya nuna, ka duba robar bakin murfi, kada ka danna da ƙarfi in ka ji yana turjiya. Sannan kada a manta, a wasu ƙirar ɗan allon da ke gaban matuƙi da ƙararrawar gargaɗi suna da nasu ƙananan batira masu nasu wa'adi. Su ne aka fi mantawa.

Rediyon_Kaka: Ni tsohon hannu ne, har yanzu ina da ƙaramar rediyon AM a akwatin kayan aikina, yara na yi mini dariya. Rediyon jirgi tana kusa da na'urar ƙwarai, kuma kunnenta ya yi kaifi, za ta ji ƙara ko eriya a cire take. Ita kuwa 'yar rediyon nan kurma ce. Ka riƙe ta kamar inci 6 daga eriya, in ka ji ƙarar ta ratso, to da gaske wuta na fita ta eriyar. Da tsohuwar zuma ake magani.

Mai_Multimita: Dabarar tana aiki, Baba Rediyo, amma 121.5 kaɗai take shaida. Ba za ta karanta maka saƙon 406 ba. Kuma tun 1 ga Fabrairun 2009 taurari suka daina sauraron mitocin 121.5 da 243. Yanzu amfaninta shi ne masu ceto su bi ta in sun matso kusa, ko jirgin da ke wucewa ya ji. Wanda har yau tsohuwar mai 121.5 zalla ce a jirginsa, ya sani babu tauraron da ke jin sa.

Mai_Tsaron_Dare: Akwai abin da ban ji kowa ya taɓo ba, kuma a wajenmu shi ne babba. Saƙon 406 yana ɗauke da lambar shaida mai harafi da lamba 15, a cikinta akwai lambar ƙasa. Da ya faɗo, abin da muke fara yi shi ne buɗe rajista mu ga jirgin wane ne, mu kira lambar wayar da aka bari. In rajista daidai take, cikin minti kaɗan mun san ko jirgin na hanga ko ya tashi da mutum huɗu. To sai a sayo jirgi daga wata ƙasa, a fenta masa sabuwar lamba, a bar na'urar da tsohuwar shaida. Saƙo ya tafi ƙasar da ya baro, su kira tsohon mai shi cikin dare, ya ce ai na sayar shekara uku da suka wuce. Awannin da ake ɓatawa a nan ba sa dawowa. A Amurka duk shekara biyu ake sabunta rajistar. Duk wanda ke da injin gwaji, ya karanta lambar da na'urar ke fitarwa, ya gwada ta da ta jikin kwali da ta takardar rajista. Ukun su zama ɗaya. In kuma an haɗa ta da GPS, a duba wurin da take faɗa. Da shi ana samun mutum cikin kamar mita 100, babu shi ana maganar kilomita.

Shakka_Babu_Laifi: Wannan kuma ai aikin mai jirgi ne, ba na makaniki ba.

Tsohon_Sufana: Rajista tasa ce. Amma wa ke da injin da zai karanta lambar? Mai jirgi bai taɓa ganinta ba in ba a takarda ba.

Almajirin_Hanga: Manyana na gode ƙwarai, na cika shafi uku. Ga abin da ya faru yau. Ban ce wa oga ya yi kuskure ba, na ce ina son ya koya mini gwajin makunnin karo tunda jirgin bai fita ba. Ya yi ɗan tsaki amma ya ba ni sukundireba. Mun buɗe. Gaskiya kebul lafiya, babu tsatsa, makunnin ya tashi a wurgi na biyu, batir saura wata goma sha huɗu. Sai dai ɗaurin na Velcro ne, kuma ina iya zura yatsu biyu a ƙarƙashinsa. Oga ya ja shi ya matse, ya ce shi ke nan. Lambar shaida kuwa ba mu karanta ba, injin gwajinmu an kai shi a daidaita awonsa, sai mako mai zuwa.

Mai_Multimita: Ka ga ni ma ban yi ƙarya ba, fitilar ta faɗi gaskiya a kan abin da ta sani.

Tsohon_Sufana: Yatsu biyu fa ya ce.

Hajiyar_Eriya: Ka yi dabara, ƙanena, haka ake zama da manya. Amma matsewa da hannu ba ta isa ba sai ka duba littafin. Akwai yadda kamfani ya ce a ja ɗamarar da yadda za a tabbatar ta kama, wasu kuma sun fitar da maɗaurin ƙarfe da ake sauyawa da shi. Ka duba gashin ɗamarar ma, in ya kwanta ko ya sha mai, ja ba zai hana ta sake saki ba.

Kyaftin_Mai_Ritaya: Tambayata ga injiniyoyi: jirgin zai fita kafin injin gwajin ya dawo, ko zai jira? Don na san mai shi ba zai so jin mako guda ba.

Mai_Multimita: In dokar da suke bi ba ta wajabta karanta lambar a duban shekara ba, zai iya fita, a rubuta a karanta in injin ya dawo. Ƙasashe sun bambanta a nan, wasu sai an auna ƙarfi da mita da injin.

Rediyon_Kaka: Kafin nan dai a nemo rediyon AM a tabbatar da eriyar. Almajiri, akwai mai ita a hangarku, ko duk kun koma waya?

Almajirin_Hanga: Mai gadinmu yana da ɗaya, Baba. Gobe da ƙarfe tara daidai zan aro ta, zan kuma kira hasumiya tukuna. Hajiya, lambar ƙirar maɗaurin a jikin farantin mazauninta take ko sai na sake ciro na'urar?